Kada Sanyin Daura Ya Raba Ki Da Abba

Assalamu alaikum wa rahmatullahi.

Sa'ade, 'yata, ina gaishe ki da kyau, ina gaida angona Abba da ƙawata Nana. Ina roƙon Allah ya sa kun sauka Daura lafiya, ya sa ɗakin da kuka shiga ya karɓe ku, ya tsare ku daga sharrin wuta da na iska da na bakin mutane. Ni ina nan Sandamu ƙalau, in ban da gwiwoyin nan nawa da suke sanin shigowar sanyi tun kafin kowa ya sani.

Kada ki nemi labarin gida a takardar nan, babu shi. Wadda ta haihu da wanda ya yi baƙo duk kya ji in kin zo. Magana ɗaya ce ta zaunar da ni da biro, ni da wannan karkataccen rubutu nawa na yaƙi da jahilci, kuma kin san ta. Ranar da kika fita takaba, Alhaji Iro, wan marigayi mijinki, ya zo daga Mai'adua ya zauna a zaurenmu. Ina bayan ƙofa, na ji shi da kunnena yana cewa, "Yaron nan namiji ne, gidan ubansa ya fi dacewa da shi. Amma tunda kin ce Daura za ki ki kama sana'ar koko, to je ki da shi. Mu ga yadda sanyin bana zai bar shi. In mun zo mun ga ba daidai ba, sai mu taho da abinmu." Ke kuma kika sunkuyar da kai kika ce, "To, Alhaji, yadda kuka ce." Wallahi raina ya ɓaci a ranar, kuma ba da shi na yi fushi ba, da ke na yi.

Kin taso kin ga yayanki a gidan Baffanku Mamman, aka ce miki riƙo ne, kika yarda. Ba ƙarya aka yi miki ba, amma ba a gaya miki yadda aka yi ba. Sanyi guda ne a garin Daura ya raba ni da shi. Fuska da fuska ba zan iya ba ki labarin nan ba, waya kuma ba ta ɗaukar doguwar magana. Don haka ki samu wuri ki zauna, ki karanta a tsanake.

Shekarar da babanku ya rasu na shiga Daura, ke kina goye, yayanki bai wuce Abba na yanzu ba. An gama girbi, iska ta fara juyawa. Ni a zatona na san sanyi, tunda a ƙauye na tashi. Ashe sanyin ƙauye da na birni ba ɗaya ba ne. A ƙauye kara yana nan jibge a bayan gida, a hura a tsakar gida kowa ya miƙa hannu. A birni ɗumi ma saye ake yi. Icce ya yi tsada, gawayi ya yi tsada, mai ruwa ya ƙi fitowa da wuri, in ya fito kuma ruwansa ya kama miki yatsu. Gari ba ya tashi sai hantsi ya ɗaga. Za ki ga manyan mutane jere a jikin bango suna bin rana, in ta matsa su matsa, 'yan kasuwa ba sa buɗe rumfa sai sun ga inuwa ta gajarta. Masu fita da sassafe kaɗan ne: masallata, direbobi, 'yan dako, sai mu masu ciyar da su. Wannan lokaci shi ne kakar mai koko, wadda ta kama mutane a cikinsa ta kama su har damina.

A wurin zaɓen ɗaki na fara yin wauta. An nuna mini biyu a gida ɗaya, wani tsohon soro na ƙasa mai duhu, da wani na siminti mai rufin kwano da sabon farin fenti. 'Yar ƙauye ta ga birni, ai kin san wanda na ɗauka. Ban duba inda ƙofarsa take kallo ba, ashe gabas take kallo, daidai inda iska ke fitowa. Da asuba ɗakin nan randa ne, siminti yana tsotse ɗumin jikin mutum ta cikin tabarma. Ban ga ɗakin da kika kama ba, amma ko wane iri ne, kada ki shimfiɗa wa yara tabarma a kan siminti tsirara. Ki nemi kwalaye a wurin masu shago ki fara shimfiɗawa, sannan tabarma, sannan katifa. Ki rataya buhu ko tsohon bargo a bayan labule. Yara su kwana ta jikin bangon ciki, ke ki tare bakin ƙofa da bayanki, tunda Allah ya hore miki shi.

Sai sana'ar kanta. Ni da nake taƙama tun ina budurwa ba a fi ni dama koko ba, sai ga shi sanyi ya kunyata ni. Da zafi in kika tace gasara kafin gari ya waye ta yi tsami. Da sanyi kuwa sai ta kwanta ta yi lamo, ba tsami ba ƙamshi. Na ɗebo ta da sanyinta na sheƙa mata ruwan da nake zaton ya tafasa, koko ya tsinke ya zama salala. Wani direba ya kurɓa, ya dubi kwanon, ya dube ni, ya ce, "Baiwar Allah, wannan koko ne ko ruwan wankin gero?" Aka yi dariya, ni ma na yi, amma da na koma gida kuka na yi. To ki riƙa rage ruwan tsamin jiya kina zubawa a gasarar yau, ki ajiye robar kusa da murhu ki lulluɓe ta da buhu. In za ki dama, ki fara kwance ta da ruwan ɗumi, kuma ruwan damun ya tafasa har yana tsalle. Citta da kanumfari da masoro ki ƙara musu hannu, da sanyi mutane yajin suke biɗa. Man gyaɗa yana barci, ki kwana da shi a ɗaki, kada ki tsaya kina girgiza kwalba mutane na jira. Waken ƙosai ki surfa ki wanke shi tun da rana, don wanke shi da asuba ne ya farfasa mini hannu har ludayi yana gagarata riƙewa.

Abu ɗaya a nan ba na wancan zamanin ba ne, na baya-bayan nan ne, kuma kin ga tabonsa a damtsena. Tunda aka koma sa hijabi, na fita suya da wani dogo mai santsi, irin mai kama da leda. Na sunkuya gyara icce, iska ta kaɗa shi cikin wuta, kafin in ankara ya narke ya manne mini. Ki sa hijabinki, ban hana ki ba, amma na suya ya zama na auduga, gajere, ki ɗaure shi ta baya. Ki kafa zana ta inda iska ke bugowa. Nana kuma kada ki soya da ita a goye.

Yanzu ki buɗe kunne, don daga nan ne abin ya fara lalacewa. Duk inda aka hura wuta da sanyi, mutane za su taru. Ina hurawa sai ga 'yan dako da masu jiran mota sun kewaye ni, kowa ya miƙo tafin hannu, wani har da ƙafa, mai saye ɗaya masu jin ɗumi biyar. Ni kuwa ga zafin rashin miji, ga tsadar icce, ga bakina da kika sani. Na ce, "Malamai, iccen nan ba daga sama ya faɗo ba. Wanda ba zai saya ba ya ba ni wuri." Suka ba ni wuri kuwa. Suka tsallaka titi wurin mai shayi, suka tafi da cinikinsu da na abokansu. Ranar da na buƙaci wanda zai buɗe baki ya ce matar nan tana ƙoƙari, babu ko ɗaya. Abin da aka sani a kaina shi ne mai kokon nan mai faɗa.

Sai daga baya na gane dabara. Ki samu kututture ɗaya mai cin wuta a hankali, ki hura shi gefe, 'yan taku kaɗan daga kaskonki, ki ajiye benci. Maza su zauna can su ji ɗuminsu. Sun yi kusa da za su ji ƙamshin ƙosai su miƙo kwano, sun kuma yi nisan da ba wanda zai je Mai'adua ya ce ya ga matar marigayi maza sun kewaye ta. Ki gaishe da dattawan cikinsu da sunansu. Wanda ya zo ba ko sisi, ki zuba masa rabin ludayi, ba zai talauta ki ba. Waɗannan mutane su ne idon unguwa, abin da suka gani shi za a faɗa a kanki.

A gidan da na zauna akwai wata tsohuwa mai daddawa, Iya Tabawa, ita ce a ɗaya soron ƙasan. Tun makon farko ta ce mini, "Ke 'yar nan, in za ki fita ki miƙo min yaron nan ya ƙarasa barcinsa a bayana. Ɗakina da ɗumi." Na ce, "A'a Iya, ba komai, yana da bargo." Gaskiyar magana, ba na so a ce na kasa, kuma ina ƙyamar warin daddawa ya kama masa kaya. Ki ji fa, warin daddawa! Ni da nake kwana cikin warin gasara.

Abin da na yi maimakon haka shi ne, da sanyi ya tsananta, na toshe ƙasan ƙofa da tsumma, na cusa wani a taga, na cika kasko da garwashi na ajiye masa a tsakar ɗaki. Na goya ki, na ja ƙofa na sa kwaɗo, na tafi ina jin daɗi na yi wa ɗana gata. Da hantsi ya yi, Iya Tabawa ta lura ba ta ji bugun ƙofar da ya saba yi in ya farka ba. Ta kira, shiru. Ta sa wani maƙwabci ya ɓalle kwaɗon. Suka fito da shi jiki sake, ya yi amai, ido a juye. Aka aiko mini, na bar mai a kan wuta na taho da gudu ba takalmi. Allah ya yi da sauran kwanansa, iska ta buge shi ya farfaɗo, ya yini yana kukan ciwon kai. Iya ta dube ni ta ce, "Garwashi a rufaffen ɗaki numfashi yake sha, 'yar nan. Ba a gaya miki ba?" An gaya mini mana, na dai ɗauka zancen tsofaffi ne.

Sa'ade, ki ɗumama ɗaki da kasko in kina so, amma a fitar da shi kafin kowa ya kwanta, kuma a bar kafar da iska za ta shiga. Abin dafa ruwan nan na lantarki da ake tsomawa a bokiti, kada ki jona shi ki fita ko nan da ƙofar gida, kada kuma ki bar shi a jone don an ɗauke wuta, sai an tafi ake kawo ta. Kuma ko me ake ciki, kada ki kulle yara ta waje. Ki duba gidan da kike, ba za a rasa tsohuwa ko wata mai hankali ba. Ki kai mata koko da zafinsa kullum, ki durƙusa ki roƙe ta ta riƙe miki su zuwa hantsi. Roƙon nan ba ya rage mutum da komai.

Kina zaton bayan wannan na miƙa wa Iya yayan naki? Ina! Kunya ta ƙaru a kan girman kai, na kasa haɗa ido da ita. Sai na koma fita da shi. Yaro ƙarami, tun duhun asuba yana tsugune a bakin titi, gabansa na gasuwa bayansa na daskarewa. Tari ya kama shi, majina ba ta tsayawa. Na ce wanka ne zai ƙara masa tarin, na daina yi masa, sai dai in shafe masa fuska. Kaushi ya hau, ƙafa ta yi faso har tana jini, toka ta mai da shi fari fat. Ni da nake ganinsa kullum ban ga yadda ya koma ba, hankalina yana kan kasko da kwanukan mutane. Ba yunwa yake ji ba, wallahi bai taɓa kwana da yunwa ba. Amma wanda ya gan shi ba zai yarda ba.

Don haka wanka kullum, ba fashi, sai dai ki sauya masa lokaci. In kin tashi daga suya, ki ɗora tukunyar ruwa a kan sauran garwashin, kafin ki gama wanke-wanke ya yi zafi. Ki yi musu da tsakar rana a lungun da iska ba ta shiga, ki tsane su maza, ki mulke su da man kaɗanya tun jiki da ɗanshi, har tsakanin yatsu da dunduniya da leɓe. Ki shiga wurin 'yan gwanjo ki samo musu rigar sanyi da hula da safa, ko launinsu bai yi miki ba. Ludayin farko na koko nasu ne, kafin na kowa. Tari in ya wuce 'yan kwanaki ko kika ji ƙirji na ƙara, ki rufe kasko ki kai shi asibiti, cinikin ranar ya tafi. Kuma lokaci-lokaci ki ja da baya ki dubi Abba da idon baƙo, ki tambayi kanki, in yau na fara ganin yaron nan me zan ce game da uwarsa?

Labarin kaskon garwashi ya kai kunnen Baffanku Mamman, wan babanku. Bai aiko ba, sai ganinsa na yi wata safiya tsaye a gaban kaskona, lulluɓe da mayafi. Ya daɗe yana kallon yaron kafin ya yi magana.

Ya ce, "Hurera, wannan ɗan ƙanena ne?"

Na ce, "Shi ne, Yaya."

Ya tsuguna ya ɗaga ƙafarsa ya duba fason, ya saurari tarin. Ya cire mayafinsa ya naɗe yaron da shi. Ya waiwaya ko akwai wanda zai ce wani abu, masu saye biyu da ke tsaye suka kau da kai. Sai ya ce, "Je ki haɗo min kayansa."

Magana tana bakina, Sa'ade. So nake in ce, Yaya ka yi mini haƙuri zuwa ƙarshen sanyi, na gane kurena, zan gyara. Ba mugu ba ne, da na faɗa wataƙila da ya saurara. Amma yaron ɗan fari ne. Kin san yadda aka tarbiyyantar da mu: ba ki faɗin sunansa, ba ki ɗaukarsa gaban mutane, ba ki nuna kin damu da shi, in ana zancensa ki kau da kai. A ce yau ga ni a bakin titi, gaban maza, ina jayayya da wan miji a kan ɗan fari? Sai na ji bakina yana cewa, "Ai ɗanku ne, Yaya." Na je na ƙulle 'yan kayansa a ɗankwali. Har ƙosai na zuba musu na hanya. Da za su tafi ya riƙe mini zane, na ɓamɓare yatsunsa ina kallon wani wuri, don kada a ce na yi rashin kunya.

Da na koma gida Iya Tabawa ta ce, "Ina yaron?" Na gaya mata. Ta ajiye abin da ke hannunta ta ce, "Ke ko gardama ba ki yi ba? Ko akuya aka zo kwancewa ai kya ce a dakata." Na shiga ɗaki na rufe.

Ba zan ci amanar Baffanku ba, ya riƙe shi da kyau. Ya yi masa karatu, ya koya masa kasuwa, ya yi masa aure. Ni ma na zauna a Daura shekaru masu yawa bayan nan, na iya sana'ar har ana layi a gabana, na raine ki da ita, ba ki taɓa yin faso ba. Amma kin ga yadda yayanki yake zuwa gaishe ni. Ya durƙusa daga bakin ƙofa, ya ajiye leda, ya tambayi gwiwa, ya ce a tashi lafiya. Matar Baffanku ita yake kira Inna. Ni kuwa Innar Sa'ade yake ce mini. Duk ranar da ya faɗa sai na ji abin ya soke ni, kuma ba ni da bakin gyara masa, ni na ba da shi.

Da aka kawo Shari'a aka buɗe mana Islamiyyar matan aure, kin sha yi mini dariya wai tsohuwa da jakar makaranta. To a can ne wata rana Malama ta zo kan babin riƙon yara. Na ɗaga hannu na ce, "Malama, in wata ce mijinta ya rasu, dangin uba suka zo ɗaukar ɗanta namiji, dole ta bayar?" Ta ce, "A'a, Inna. Uwa ce ta fi kowa cancanta da riƙonsa har ya balaga, muddin tana kula da shi kuma ba ta yi wani aure ba. In ta yi aure ko ta gaza, riƙo ya koma wurin uwarta. Dangin uba nasu sa ido ne da ɗaukar nauyi." Na ce, "Uwar uwa?" Ta ce, "Ita fa." Ban iya ƙarasa darasin ranar ba. Don in tabbatar, na je na tambayi Liman, ya ce haka yake a littafi. Ashe abin da na miƙa da hannuna don kunya, addini ma bai ce in miƙa ba.

Saboda haka shekaranjiya, bayan tafiyarku, na naɗe gwiwoyina da tsumma na hau babur zuwa Mai'adua. Iskar hanya ta sa na yi ta tsine wa taurin kaina, amma na isa. Alhaji Iro ya fito da sauri ya ce, "Inna, ke da kanki cikin wannan sanyi? Da kin aiko ai da na zo."

Na ce, "Maganar ba ta aike ba ce, Alhaji. A kan Abba na zo."

Ya sa aka kawo mini shayi, ya zauna a ƙasa. Ya ce, "Inna, ba ƙwace muke nufi ba. Ɗan ƙanena ne. In ya lalace a titin Daura, mu za a zaga."

Na ce, "Gaskiyarka, shi ya sa ban zo da faɗa ba. Jininku ne, ba mai raba ku. Ku sa shi makaranta, ku ɗauke shi hutu, ku tsawata masa in ya yi ba daidai ba. Amma wurin kwanansa gun uwarsa ne. In ka je ka tarar ta gaza, ba Mai'adua zai zo ba, Sandamu zai zo wurina, don ni ce a layi kafin ku. In kana da ja, ga alƙali a Daura, mu je tare, babur ɗina ne zai riga naka isa."

Ya yi ɗan murmushi, ya ce, "Inna, ashe da shiri kika zo." Can ya ce, "To, zan dai je in gani da idona."

Na ce, "Ka je. Kada ka aika kana zuwa, kuma ka je da sanyin safiya."

Kin ji abin da na ɗauko miki. Na sa wuyana, na ce a je a gani ba sanarwa, don na san 'yar da na haifa. Kada ki ba ni kunya, kada kuma ki tsorata. Zai zo, wataƙila ranar da kika fi gajiya. Ya tarar da yaro a ɗaki mai ɗumi wurin mutuniyar kirki, jiki da mai, ciki da koko. Ki tarbe shi da girmamawa, ki shimfiɗa masa tabarma, ki zuba masa mai zafi, wan mijinki ne kuma uban 'ya'yanki.

Amma akwai abin da ba zan iya yi miki ba ko na zo da alƙalan duniya. In ya buɗe baki ya ce a haɗo kayan yaro, ke za a kalla, ba ni ba. Na san Abba ɗan farinki ne, na ga yadda kike kau da kai in ana yabonsa, ni na koya miki. Ki ci gaba da ɓoye sunansa in kina so, wannan ado ne, ba ya cutar da kowa. Amma ranar nan ki ɗaga kai, ko gaban mutum nawa ne, ki ce, "Alhaji, ɗana ne, kuma a wurina zai zauna." Muryarki za ta yi rawa, ki bar ta ta yi, ki dai faɗa har ƙarshe.

Na san da nauyi. Tunda na ce ki yi, bari ni ma in yi nawa, ko da ya zo a makare. Tun ranar da aka raɗa masa suna bakina bai taɓa furta shi ba, hannuna bai taɓa rubuta shi ba, ko a addu'a sai dai in ce yaron nan. Yau zan sa shi a inda ya kamata.

Allah ya tsare mini ke, Sa'ade, ya sa albarka a kaskonki, ya ba ki ƙarfin tashi da ƙarfin magana. Allah ya raya Abba da Nana a gabanki, ya fitar da ku sanyin nan lafiya ku uku, ba ragi. Allah ya jiƙan mahaifinsu da naku, ya jiƙan Iya Tabawa. Allah ya tsare mini ɗana Usman a inda yake, ɗana ne, ni na haife shi.

Wassalamu alaikum.

Mahaifiyarki,
Hurera